Shekarar da Hangum Ya Cinye Mini Gidajen Zanzaro

Shekarun baya, bayan na gama karatun aikin gona a jami'a, na koma gidanmu a Ƙala'at an-Nahal na zauna jiran aiki. Jiran ya kai shekara biyu. A cikinsu abu ɗaya kawai na samu, shi ne laƙabi: kaf unguwarmu Duktura ake ce mini. Na yi bayani har bakina ya gaji cewa ni ba likita ba ce, ƙwari na karanta, ƙwarin ma na gona. Ba wanda ya ji. Mai ciwon ido wurina za ta zo, wadda akuyarta ta ƙi kiwo wurina za ta zo, har wadda wayarta ta daina kama caji.

Kafin in ci gaba sai na faɗa muku wani hali nawa, don shi ne ya jawo komai. Ina tsoron faɗin abin da ban tabbatar ba. A jami'a an koya mana kada mu ce "haka ne" sai da hujja, ni kuma na ɗauki darasin na wuce gona da iri. Mahaifiyata takan ce in aka tambaye ni ko rana ta fito, sai na leƙa waje na dawo na ce, "Da alama." Ba ta yi mini ƙarya sosai ba.

A farkon daminar shekara ta uku wani malamina na jami'a ya kira ni a waya. Ya ce akwai gurbi ɗaya na mataimakin bincike a wurinsa a Gadarif, mu uku yake dubawa, kuma ba takarda yake son gani ba, aiki yake so. Nawa aikin zanzaro ne. In samu gidaje goma sha biyu na baƙin zanzaron nan mai farautar tsutsa, in bi kowanne tun daga curin laka na farko har ranar da 'ya'yan za su huda su fito, in rubuta inda aka yi ginin da irin tsutsar da aka shigar, sannan in kawo masa littafin tare da zanzaron da suka fito kafin a gama yankan riɗi.

Ya ce, "In kin kawo, za mu yi magana. In ba ki kawo ba, malesh, sai haƙuri."

Na ce masa ina ganin mai yiwuwa zan iya.

Ya ce, "Za ki iya, ko ba za ki iya ba?"

Na ce insha Allahu. Na ji ajiyar zuciyarsa kafin ya kashe wayar.

Na san wasunku in an ce zanzaro, rina ce ke zuwa musu a rai. Ba ɗaya ba ne. Rina da dangi take zama, in ka taɓa ɗaya duka su taso maka. Zanzaro ba sarauniya, ba runduna, ba mai taya shi aiki. Kuma duk wanda kuka gani yana gini a bango, mace ce, don haka daga nan "ita" zan riƙa cewa. Wadda nake bi baƙa ce, tsawonta kamar gaɓa ɗaya da rabi ta yatsa, da ɗan ja-ja kamar tsatsa a fuska. Fukafukanta masu duhu ne, in rana ta haska su sai su yi sheƙi kamar rigar da aka rina da shuni aka buga. Ƙugunta kuwa siriri ne kamar tsinken tsintsiya, har mutum ya rasa ta ina abinci ke wucewa. Akwai wata mai rawayan ƙugu da ita ma ke gini a ɗakunanmu, amma waccan gizo-gizo take kamawa, ba ita aka aike ni ba.

Littattafan da na karanta sun ce ana samun baƙar kusan ko'ina a Afirka kudu da hamada, tun daga ƙasashen kakanninmu a yamma har nan, har Habasha, har ta tsallaka teku zuwa ƙasar Larabawa. Da na faɗa wa mahaifiyata haka, tana tuyar kisra, siririyar gurasar dawar nan tamu, sai ta ce, "Ashe ita ma hanyar Hajji ta biyo kamar kakanku. Sai dai ita ta ƙarasa, shi kuwa a nan riɗi ya riƙe shi."

Abin da take nema a wuri bai da yawa: ruwa, busasshiyar ƙasa, bangon da ruwan sama ba ya duka, da gona a kusa. Sai ta sauka gindin randa ta sha ruwan da ke ɗiga, ta tashi ta je inda ƙasa ta bushe, ta jiƙa da ruwan bakinta, ta cura ɗan curi kamar ƙwayar dawa, ta ɗauko. Haka za ta yi ta jigila har ta gina ɗan tulu mai wuya da baki, ta saka ƙwai ɗaya a ciki. Daga nan ta shiga gonar riɗi ta kamo tsutsa, ta harbe ta yadda za ta sume ba tare da ta mutu ba, ta cusa a tulun. In ya cika ta toshe, ta fara wani a jikinsa. In ta gama duka ta yaɓe su wuri ɗaya ta tafi abinta, ba za ta ga 'ya'yan ba. Daga rufewa zuwa fitowa akan yi wata guda ko ɗan fiye. Wannan wata gudan shi ne duk abin da nake buƙata daga mutanen unguwarmu: su bar mini laka a bango wata guda.

Cikin mako uku na samu goma sha biyun. Huɗu a gidanmu, uku a gidan Gwaggo, sauran a gidajen maƙwabta da suka ba ni izini suna dariya. Don kada in rikice, na ɗauko ragowar jan fentin ƙofarmu da tsinke na rubuta wa kowanne lambarsa a jikin lakar, daga ɗaya zuwa sha biyu. Na ji daɗin kaina ranar. Na ce tsari ke nan.

Gwaggo yayar mahaifina ce, danga ɗaya ce ta raba gidanmu da nata. Ita ke wankan jarirai a unguwar, ita ake tambaya in yaro ya yi zazzaɓi, kuma ban taɓa jin ta ce "mai yiwuwa" ba tunda nake. Kullum da hantsi takan shigo rumfarmu shan kofi, mata biyu ko uku na biye da ita.

Sai hangum ya shigo gari. Yara suka fara kumburin kumatu gida-gida. Wata ranar, ana tsakiyar shan kofi, Gwaggo ta juyo ta ce, "Duktura, tambaya gare ni. Lakar gidan zanzaro, in an jiƙa an shafa wa yaro a kumatu, tana maganin hangum ko ba ta yi?"

Amsar da ta kamata kalma uku ce. Ga abin da na faɗa:

"To, Gwaggo, ni dai ban ci karo da wani bincike da ya tabbatar ba. Amma kuma ba zan ce na ga inda aka bincika aka ƙaryata ba. Mai yiwuwa sanyin lakar yana ɗan rage zafin wurin, sai dai kuma..."

Ta ce, "Madalla." Ta kurɓi kofinta ta dubi sauran. "Kun ji dai. Ko jami'a ba ta musa ba."

Na buɗe baki zan ƙara bayani, sai aka shiga hirar farashin sukari. Na ce a raina ba komai, magana ce ta wuce.

Bayan kwana biyu na je duba lamba uku a bayan rumbun Gwaggo, na tarar babu. Sai tabon inda yake, fes, kamar an goge. Washegari lamba bakwai ya bi shi. Yanzu ku ji abin da mai digiri ta yi. Ban tambayi kowa ba. Na zauna na rubuta a littafina cewa da alama akwai wata halitta da ke cin gidajen, mai yiwuwa ƙadangare. Na yi kwana biyu zaune a kan kujera 'yar tsuguno ina sa wa wani jan gwada ido, shi yana gyaɗa mini kai, ni ina rubutu. Shafi uku na yi a kansa. Da na lura gefen tabon a miƙe yake kamar an sa wuƙa, sai na ƙara cewa ba za a iya kore yiwuwar wani tsuntsu mai faffaɗan baki ba. Har na ɗan yi murna, na ce ƙila na gano abin da ba a rubuta ba.

Lamba ɗaya ya tafi. Biyar ya tafi. Biyu da takwas suka tafi rana ɗaya.

Gaskiya ta zo mini da ƙafarta, da safe, ina shara. Wata mata daga can bayan kasuwa, ban ma santa ba, ta yi sallama riƙe da hannun 'yarta. Kumatun yarinyar sun kumbura, an shafe su da busasshiyar laka. A cikin lakar kuma ga wasu ƙananan ɓarɓashi ja. Na sunkuya na duba. Fentin ƙofarmu ne.

Matar ta ce, "Sannu Duktura, ya aiki? Dama lamba tara na zo a taimaka mini da shi. Maƙwabciyata ta ɗan gutsura mini lamba biyar, ya yi kyau wallahi, amma bai isa ba."

Na ce, "Lamba me?"

Ta ce, "Tara. An ce masu lambar su ne kika auna kika zaɓa, marasa lamba na gama-gari ne. Kuma an ce ƙananan lambobin na jarirai ne, manyan na yara manya. Ita shekararta tara."

Tsintsiyar ta faɗi daga hannuna. Gari cike da gidajen zanzaro, kowane bango da nasa, kowace rumfa da nata, amma duk an bar su an bi nawa guda goma sha biyu, saboda ni da hannuna na sa musu alama. Da na bar su haka nan da ba wanda zai kalle su.

Na sallami matar da haƙuri, ban ma tuna abin da na ce mata ba, na shiga madafi wurin mahaifiyata.

Na ce, "Inna, kin san mutane ne ke cire mini gidajen nan?"

Ta ce, "Na sani mana. Biyu ma ni na bayar."

"Ke kika bayar?"

"To yaro na kuka, uwarsa na tsaye a ƙofa, in ce mata me? In ce laka ta fi ɗanta?"

"Amma ai na ce a bar su!"

Ta ajiye muciya ta dube ni. "Yaushe kika ce a bar su?"

Na tuno maganar da na yi. "Na ce zai fi kyau, in da hali, a guji taɓa su."

Ta ce, "To halin ne bai samu ba."

Saura shida. Na lissafa kwanakin da suka rage kafin yankan riɗi, na ga in na fara sabon bi daga farko da ƙyar in kai. Shidan nan dole su tsira. Abin da ya kamata in yi shi ne in shiga gidan Gwaggo in yi mata magana baki da baki. Amma ina? Matar da ta yi mini wanka ina jaririya, in tsaya gabanta in ce maganinta ba magani ba ne? Sai na zaɓi hanyar 'yan makaranta. Na yanko kwali biyar, na rubuta da Larabci da Hausa, na liƙa kusa da kowanne in ban da lamba sha biyu: "Ana roƙon alfarma a yi haƙuri da wannan gida, ana gudanar da bincike a kansa."

Kafin la'asar labari ya zaga cewa yanzu har takardar shaida an manna musu. Wanda bai yarda da lamba ba, ya yarda da kwali. Cikin kwana huɗu duk biyar ɗin suka tafi, wasu har da kwalin. An ce mini wata ta rataye nata a ƙofar ɗaki.

A cikin kwanakin nan malamina ya kira ya tambayi yadda aiki ke tafiya. Na ce masa ana samun wasu 'yan ƙalubale da ba a yi tsammani ba daga ɓangaren muhalli. Ya ce, "Gidaje nawa?" Na ce adadin yana ɗan sauyawa. Ya ce sauran biyun sun riga sun turo masa hotuna. Na ajiye wayar. Na fara hango kaina shekara ta huɗu, ta biyar, zaune a rumfar nan ana miƙo mini wayoyin da suka daina caji.

Lamba sha biyu kaɗai ya rage, kuma ya rage ne don ba wanda ya san inda yake. A ɗakina yake, a bayan gilashin da aka sa takardar digirina aka rataye a bango. Zanzaron ta shigo ta taga ta ga wurin da ba a taɓa motsawa, ba ruwa ba iska, ta yi tulu biyar a nan. Ita kaɗai ce ta taɓa cin moriyar takardar nan a shekara biyu. Saura kamar kwana goma 'ya'yan su fito, in lissafina daidai ne.

Ran nan na fita da sassafe zuwa gonar riɗin mahaifina don tsinto tsutsotsin da zan kwatanta. Na dawo da hantsi, takalmina ya yi nauyi da baƙar lakar nan ta damina, sai na tarar da mata uku zaune a rumfa kamar masu jiran layi a asibiti. Mahaifiyata ta kawar da kai. Ƙofar ɗakina a buɗe.

Gwaggo ce a ciki. Ta sauke takardar digirin ta kife ta a kan gado, wuƙar yankan kuɓewa a hannunta, tana neman inda za ta sa bakin wuƙar.

Ta ce, "Yawwa, kin zo. Kin ga ɓoyon da kika yi wa babban. Goma sha biyu ai na mutum uku ne in an raba."

Ban san daga ina muryar ta fito ba.

"A'a! Gwaggo, ajiye wuƙar nan."

Ta tsaya. Matan rumfa suka miƙe suka leƙo.

Na ce, "Ba ya magani. Laka ce kawai. Hangum da kansa yake warkewa cikin mako ɗaya ko biyu, ko an shafa ko ba a shafa ba. Yaron da zazzaɓinsa ya yi zafi, ko yake amai, ko wuyansa ya sandare, asibiti za a kai shi yau, ba bango ba. Lambobin nan ban auna komai ba, don kada in manta ne na rubuta su. Wannan kuma da ke hannunki aikina ne. Goma sha biyu aka ce in kawo, kun cinye sha ɗaya. In kika fasa wannan, shi ke nan, na zauna a gidan nan har tsufana."

Ban taɓa jera magana mai tsawon haka ba tare da "mai yiwuwa" ko ɗaya a ciki ba.

Gwaggo ta dube ni tun daga sama har ƙasa. Ta ajiye wuƙar a hankali a kan gado.

Ta ce, "To ke, don Allah, wane aljani ne ya riƙe miki baki tun farko? Na tambaye ki a gaban mutane. Kika yi ta zagaye kamar jakin da ke juya injin man riɗi. Yanzu kin bari na yi wata guda ina raba wa mutane aikinki, sannan ki zo ki yi mini ihu a gaban ƙannena?"

Na ce, "Ki yi haƙuri, Gwaggo, ina ganin ƙila..."

"Kada ki sake fara mini!"

Ta ja mayafinta ta fita. Ɗaya daga cikin matan, wadda 'yarta ke amai tun jiya, ta tsaya ta tambaye ni ko da gaske nake maganar asibiti. Na ce da gaske nake. Ta tafi da sauri.

Kwana uku Gwaggo ba ta shigo shan kofi ba. Mahaifiyata ta riƙa dafa na mutum biyu tana kallona kamar ni na kashe mata kasuwa. Ni kuma na ɗauko rariyar tankaɗe na kife a kan lamba sha biyu na ɗaure da zare, don in sun fito kada su tsere. Mahaifiyata ta ce yanzu kuma da me za ta tankaɗe gari. Na ce ta ara. Ta ce, "Iye, bakin ya buɗe ke nan."

Rana ta huɗu da safe na ji muryar Gwaggo daga bayan danga.

"Ke Duktura! Ɗauko littafin naki ki fito. Kuma ki bar fentin nan a gida."

Na bi ta. Muka fara da gidan niƙa. Ta nuna ƙarƙashin kwanon rufi da sandarta: gidaje uku, biyu a rufe. Muka wuce inda ake ajiye tireloli na tarakta, ta sa na durƙusa na leƙa ƙarƙashi: huɗu. Rumfar alwala ta masallaci. Bayan allon wata makarantar da aka rufe don hutu. Har gindin dutse ta kai ni, ta nuna mini wani kogo da ruwa ba ya shiga, ta ce nan suke yi in babu gidan mutane kusa. Ashe kafin lambobina su ɓata mata sana'a, shekara arba'in ta yi tana farautar gidajen nan.

Tana tafe tana magana, kamar da sandarta take yi ba da ni ba. Ba ta gini a madafin da ake hura itace, hayaƙi ke korarta. Ba ta gini a bangon da aka yi wa sabon yaɓe da kashin shanu sai warin ya fita. Gidajen bakin gari, kusa da gonaki, sun fi na tsakiya yawa. Waɗanda aka fasa a farkon damina koren tsutsa ke ciki, irin wadda ke naɗe ganyen riɗi. Na ƙarshen damina kuwa sai ka ga masu ratsin ƙasa-ƙasa sun fi yawa.

Na ce, "Gwaggo, tsutsotsin da ke cikin nawa sha ɗayan fa? Ina suke?"

Ta ce, "Kaji sun gode."

Na rubuta har hannuna ya gaji. A kan hanyar dawowa ta kafa mini sharaɗi. Ita ba ta yarda cewa ba ya magani ba, kuma ba za ta yarda ba. Amma daga yau wanda yake a rufe nawa ne, wanda aka huda aka fita nata ne. Kuma ita za ta faɗa wa mata, don ni in na faɗa ba za a gane ba. Na ji yadda ta faɗa musu washegari: ba kyau a kashe rai a shafa wa marar lafiya, a jira masu gida su fita tukuna. Magana ɗaya. Ba a sake taɓa rufaffen gida ba a unguwar. Ni da kwali biyar da harshe biyu ban iya haka ba.

Lamba sha biyu ya fara fashewa kwana biyu bayan ranar da na lissafa. Na ji ƙarar ƙarta a cikin rariya ina ninke kaya, na leƙa na ga ɗan rami da baƙin kai yana turowa. Huɗu suka fito cikin kwana uku, tulu na biyar bai taɓa buɗewa ba. Ranar da na tabbatar an gama, na fita wanke hannu na dawo na tarar da tabo a bayan takardar digirina. Gwaggo ta karɓi rabonta. Ban ma samu na auna shi ba.

Ana tsakiyar yankan riɗi na shiga mota zuwa Gadarif da zanzaro huɗu a kwali, da littafi, da taswirar garinmu da na zana da hannu, kowane gida da Gwaggo ta nuna mini da ɗigonsa da bayanin bangon da yake. Malamina ya buɗe littafin ya ga sha ɗaya an ja musu layi. Ya karanta shafukan ƙadangare, duka ukun, bai ɗago ba.

Ya ce, "To wace halitta ce a ƙarshe? Ƙadangaren ko tsuntsun?"

Duk hanyar mota na shirya amsa mai "dalilai na zamantakewa" a ciki. Na haɗiye ta.

Na ce, "Gwaggona ce. Da wuƙar kuɓewa. Kuma laifina ne."

Na ba shi labarin. Bai yi dariya ba sai da na kai wurin kwali. Daga nan ya jawo taswirar ya daɗe a kanta, yana bin ɗigon da yatsa daga tsakiyar gari zuwa bakin gonaki. Ya ce sha biyu ya ce, ɗaya na kawo, wannan ba a ɓoye yake ba. Zai ɗauke ni gwaji na wata shida, ba don zanzaron ba, don taswirar, kuma damina mai zuwa zan sake bin sha biyun daga farko. Da na miƙe zan fita sai ya shafa gefen kumatunsa ya ce, ƙasa-ƙasa, shi ma an shafa masa yana yaro.

Har yau aikin nake yi. Kuma har yau, in gaskiya zan faɗa, in na tuna abin haushi nake ji kafin dariya ta zo. Na daɗe ina ɗauka zagaye-zagayena tsantseni ne da ladabi. Wani ɓangarensa haka ne, a rubutun bincike ma dole ne. Amma a rumfar nan ba hujja na rasa ba, tsoron fuskar Gwaggo nake yi, na ɓuya a bayan "mai yiwuwa". Mutum in ya zo maka da yaro marar lafiya a hannu, duk ƙofar da ka bari a buɗe ta nan zai shiga. Ban daina cewa "da alama" ba, kada in yi muku ƙarya. Na dai koyi gane ranar da ba ta da wuri.

Gwaggo ta tsufa yanzu, ba ta kaiwa gindin dutse. Duk wanda ya zo gaishe ta sai ta gaya masa ita ta samar mini aiki, kuma ban da bakin musu. Duk zuwan da na yi gida, bayan gaisuwa, tambayarta ɗaya ce.

"To Duktura, yanzu da kika ƙara karatu, yana magani ko ba ya yi?"

Nakan ce, "Ba ya yi, Gwaggo."

Ita kuma ta ce, "Yaran dai duk sun warke." Sai ta miƙo mini kofi.